Bayan An Buɗe Ƙofar Kurkuku

Duk wanda ya saba zama gaban talabijin ya san yadda wasan kwaikwayo na shari'a yakan ƙare. An kama mutum a kan laifin da bai yi ba, an ɗaure shi, ya sha wuya, sa'an nan gaskiya ta fito. Ƙofar ƙarfe ta buɗe, uwa ta ruga ta rungume ɗanta, aka sa kiɗa mai daɗi, sunayen 'yan wasa suka fara wucewa. Mu 'yan kallo sai mu miƙe mu ce, "Madalla, ramin ƙarya ƙurarre ne," mu kashe akwatin mu tafi barci da farin ciki. Ba wanda yakan tambayi inda mutumin nan zai kwana a daren, ko wanda zai ɗauke shi aiki ran Litinin, ko kuma yadda maƙwabta za su amsa gaisuwarsa da safe.

Da editan wannan mujalla ya nemi mu rubuta wani abu domin ɗalibai da iyaye, sai muka tuna da wasanni biyu da muka kalla waɗanda suka ƙi tsayawa a bakin ƙofar kurkuku. Dukansu biyu a kan abin da ya faru da gaske aka shirya su, ɗaya a Amurka, ɗaya a Birtaniya. Ra'ayinmu shi ne masu shirya su sun fi sauran faɗin gaskiya, gama sun nuna cewa alƙali yana iya wanke mutum a rana ɗaya, amma komawarsa cikin mutane aiki ne na shekaru, kuma yawancin wannan aiki a hannun jama'a yake.

Na farko sunansa When They See Us, wato sa'ad da suka gan mu. Wata mata mai suna Ava DuVernay ce ta shirya shi, kamfanin Netflix ya fitar da shi a 2019, kashi huɗu. A daren 19 ga Afrilu 1989 aka kai wa wata mata hari tana gudun motsa jiki a Central Park, wani babban lambun shaƙatawa a tsakiyar birnin New York. An yi mata fyaɗe, an yi mata dūkan da ya kusa kashe ta, ta yi kwana 12 ba ta san inda take ba, da ta farfaɗo kuma ba ta iya tuna abin da ya faru ba. 'Yan sanda suka kama yara biyar daga unguwar Harlem: Kevin Richardson da Raymond Santana masu shekara 14, Antron McCray da Yusef Salaam masu shekara 15, da Korey Wise mai shekara 16. Ɗalibai, ku duba waɗannan shekaru da kyau. Sa'o'in 'yan aji uku da aji huɗu ne. Korey ma ba shi aka zo nema ba, rakiyar abokinsa Yusef ya yi zuwa ofishin 'yan sanda.

An tsare su ana yi musu tambayoyi sa'o'i masu yawa, har huɗu daga cikinsu suka amsa laifi a gaban na'urar ɗaukar hoto. Maganganunsu ba su dace da juna ba, gwajin ƙwayar halitta kuma bai nuna ko ɗayansu ba. Duk da haka a 1990 kotu ta same su da laifi. Sai a 2002 wani fursuna mai suna Matias Reyes ya ce shi ne ya aikata, shi kaɗai, gwaji kuwa ya tabbatar da maganarsa. A watan Disamba na wannan shekara aka soke hukuncin. Akwai wani abin baƙin ciki da ya kamata a faɗa a nan. A watannin da suka biyo bayan kama yaran, shi Reyes ya ci gaba da kai wa mata hari a birnin, har ya kashe ɗaya mai ciki. Idan aka ɗaure marar laifi, mai laifin yana waje yana yawo.

Da wani ne ya shirya wasan, da kashi uku ya ba kotu, ya ƙare da rungume-rungume. Ita kuwa ta ɗauki kashi na uku ta ba rayuwar huɗu daga cikinsu bayan sun fito. A nan ne muke so mu ɗan dakata. Ku tuna, waɗannan huɗu sun gama wa'adinsu, wajen shekara shida zuwa bakwai, tun kafin gaskiya ta bayyana. Saboda haka sun dawo unguwa a matsayin masu fyaɗen da suka gama zaman kurkuku.

Raymond ya dawo ya tarar mahaifinsa ya sake aure, gidan ya cika da dangin amarya, shi ya zama baƙo a ɗakin da aka goye shi. Matar uban ba ta so ya kusanci kowa. Hukuma ta sa masa lokacin da dole ya kasance a gida kowane dare, ta kuma sa sunansa cikin jerin masu laifin lalata. Ya je neman aiki, ga takarda, ga wurin da aka tambaya ko an taɓa ɗaure ka. In ya rubuta gaskiya ba aiki, in ya yi ƙarya ya sake karya doka. Daga ƙarshe ya shiga sayar da ƙwaya, aka kama shi, ya koma kurkuku, wannan karo a kan laifin da ya yi da hannunsa. Ba muna wanke shi daga wannan ba ne, shi ma wasan bai wanke shi ba. Amma mai kallo yana ganin ƙofofin da aka rufe masa ɗaya bayan ɗaya kafin ya bi ta wadda ta rage. Sa'ad da aka soke hukuncin farko a 2002, yana ɗaure aka kai masa labari.

Wurin da ya fi taɓa mu, mu malamai, shi ne inda Yusef yake zaune a shagon aski yana cewa yana so ya zama malamin makaranta. Mai askin ya gaya masa a hankali cewa mai irin tarihinsa ba za a bar shi ya tsaya gaban aji ba. Ba faɗa, ba kuka, sai ƙarar injin aski. Da muka ga wannan sai muka tuna da ranar da muka karɓi takardarmu ta kwalejin horon malamai, ba wanda ya tambaye mu komai sai sakamakon jarrabawa. Shi kuma Antron damuwarsa a cikin gida take. Mahaifinsa ne ya matsa masa a ofishin 'yan sanda ya faɗi abin da suke so su ji, yana zaton da haka za a bar yaron ya koma gida. Da ya fito, uban yana nan ba lafiya, ɗan kuwa ya kasa duban fuskarsa. Wace kotu ce za ta shirya waɗannan biyu? Wane alƙali ne zai sa hannu a takarda ya ce daga yau zuciyarka ta huce?

Kashi na huɗu na Korey ne shi kaɗai. Da yake ya kai 16, sai aka yi masa shari'a kamar babba, aka kai shi kurkukun manya, ya yi wajen shekara 13. Akwai kwamitin da yakan duba ko za a saki fursuna kafin wa'adinsa ya cika, sharaɗinsu kuwa shi ne mutum ya amsa laifinsa ya nuna nadama. Korey ya ƙi. Dubi wannan tarko: mai laifi na gaske zai iya cewa ya tuba ya tafi gida, marar laifi kuwa gaskiyarsa ce take ƙara masa kwana. Jharrel Jerome, saurayin da ya fito a matsayin Korey, ya sami lambar yabo ta Emmy a 2019, kuma ya cancanta.

To, an biya su diyya. Sun kai ƙarar birnin a 2003, ba a daidaita ba sai 2014, aka ba su dala miliyan 41, kusan miliyan ɗaya a kan kowace shekarar da kowannensu ya yi a ɗaure. Birnin ya biya ba tare da ya amsa cewa ya yi kuskure ba. Mun ji wasu matasa suna cewa, cikin wasa, in da irin wannan kuɗi su ma a ɗaure su. Mai faɗin haka bai lissafa ba. Shekara 25 ke tsakanin kamu da biya. Yaron da aka ɗauke yana da 14 ya kusa 40 kafin kuɗin ya zo, kuɗi kuwa ba ya sayen aji biyar, ko ranar bikin gama makaranta, ko jana'izar da ba a bar ka ka je ba. Gaskiya ne daga baya wasu abubuwa masu kyau sun biyo. Korey ya ba da dala 190,000 a 2015 ga wani shirin lauyoyi na Jami'ar Colorado mai taimakon waɗanda aka ɗaure bisa kuskure. A 2022 aka sa wa wata ƙofar Central Park suna domin tunawa da waɗanda aka wanke. A 2023 mutanen Harlem suka zaɓi Yusef Salaam ɗan majalisar birnin. Muna murna da wannan. Sai dai waɗannan biyar duniya ta san su. Nawa ne aka saki a ɓoye, ba wasan kwaikwayo, ba lauya, ba ko sisi?

Wasa na biyu daga Birtaniya yake, sunansa Mr Bates vs The Post Office, tashar ITV ta nuna shi a farkon Janairu 2024, shi ma kashi huɗu. A nan ba yara ba ne, dattawa ne masu mutunci da suke riƙe da ƙananan gidajen waya a ƙauyuka da unguwanni. A 1999 aka fara sa musu wani tsarin lissafi na kwamfuta mai suna Horizon, wanda kamfanin Fujitsu ya yi. Tsarin yana da lahani, yakan nuna kuɗi sun ɓace alhali ba abin da ya ɓace. Hukumar gidan waya ta gaskata na'ura ta ƙaryata mutane. Daga 1999 zuwa 2015 an gurfanar da fiye da mutum 900 bisa zargin sata ko lissafin ƙarya. Wasu an ɗaure su, har da mace mai ciki. Wasu sun sayar da gidajensu sun biya bashin da ba su ci ba. Kowanne in ya yi kuka sai a ce masa shi kaɗai ne yake da wannan matsala. Alan Bates, wanda aka ƙwace wa nasa gidan wayar a Wales, shi ne ya tattara su, har mutum 555 suka kai ƙara suka yi nasara a 2019. A 2021 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin mutum 39 a rana ɗaya.

Abin mamaki, duk wannan yana cikin jaridu shekara da shekaru, ƙasar ba ta motsa ba. Da aka nuna wasan, cikin kwana goma Firayim Minista Rishi Sunak ya tsaya a majalisa ya ce za a yi doka, a watan Mayu 2024 kuwa dokar ta fito ta soke hukunce-hukuncen gaba ɗaya. Wannan ya nuna ƙarfin wasan kwaikwayo, ya kuma nuna rauninmu, mu 'yan adam, da ba ma jin zafin mutum sai mun ga fuskarsa. Ga wasu kuwa dokar ta makara. Da yawa sun mutu da sunan ɓarayi, rahoton kwamitin bincike na 2025 kuma ya ce mai yiwuwa mutum 13 ne suka kashe kansu saboda wannan al'amari.

Amma abin da ya sa muka kawo wannan wasa shi ne labarin Jo Hamilton, mai shago da gidan waya a wani ƙauye a kudancin Ingila. An ce fam 36,000 sun ɓace a hannunta. Don gudun ɗauri ta amsa laifin lissafin ƙarya, ta yarda za ta biya. Mutanen ƙauyen suka ce sun san matar nan, suka tara kuɗi suka taimaka mata. Ran yanke hukunci a 2008 suka cika kotu, har da limamin cocinsu. Ba a ɗaure ta ba. Sai a 2021 doka ta wanke ta, amma maƙwabtanta sun riga doka da shekara 13. Ku ajiye ta kusa da Raymond ku gwada. Ita ma ta sha wuya ƙwarai, ta yi aikin share-share a gidajen mutane don ta biya bashi. Bambancin shi ne ita tana da wurin da ake kiranta da sunanta, ana sayen burodi a hannunta, shi kuwa ko a gidan ubansa ana ɓoye jaka in ya shigo.

Kada a ce mun ɗauki wasan kwaikwayo kamar Linjila. Mai shirya wasa yakan haɗa mutum biyu su zama ɗaya, ya sa wa mutane maganar da ba wanda ya ji sun faɗa. Linda Fairstein, wadda ta shugabanci sashen masu gabatar da ƙara a shari'ar yaran nan, ta kai Netflix ƙara a 2020 tana cewa an ɓata mata suna, aka daidaita a 2024 ba tare da an biya ta ba. Ko me mutum yake gani game da ita, ya kamata mai kallo ya lura da kansa. Abin kunya ne a tashi daga kallon illar saurin yanke hukunci, a kuma yanke wa wani hukunci daga kan kujera kafin a kashe talabijin.

Mu da muka tashi da Littafi Mai Tsarki mun san wannan labari tun muna makarantar Lahadi. Yusufu ya shiga kurkuku a Masar bisa ƙaryar matar Fotifar. Mai shayarwar Fir'auna, wanda ya yi wa alheri, ya manta da shi shekara biyu cur. Yana da 17 aka raba shi da gida, yana da 30 ya tsaya gaban Fir'auna. Mukan yi wa'azi a kan zoben sarauta da karusa, amma ku koma Littafin Farawa ku duba, ba inda aka rubuta cewa matar ta janye maganarta, ko aka tara mutanen gidan Fotifar aka ce musu bawan nan bai yi ba. An fitar da shi ne domin ana bukatarsa. Sunan da ya sa wa ɗansa na fari, Manassa, yana da ma'anar mantuwa, mutum kuwa ba ya sa wa ɗansa irin wannan suna sai in akwai abin da yake fama ya manta. Da 'yan'uwansa suka zo, sau nawa ya juya baya ya yi kuka? Ga mulki, ga dukiya, ciwon yana nan.

Kada kuma mu ce wannan matsalar Turawa ce. Shekara da shekaru alƙaluman gidajen yarin Nijeriya suna nuna cewa wajen mutum biyu cikin kowane uku da ke tsare jiran shari'a suke yi, ba a same su da laifi ba tukuna. A 2019 an canza wa hukumar suna ta zama ta gyaran hali, amma wanda ya yi shekara huɗu yana jira, aka ce masa tashi ka tafi ba shaida, wane hali za a gyara masa? Yakan dawo gari a ce, "Ai ɗan fursuna ne." Ba mai ba shi 'ya, ba mai ba shi ajiya, a coci ma sai a ga an ɗan matsa a benci. Ƙungiyoyinmu suna ƙoƙari wajen kai sabulu da abinci gidan yari lokacin Kirsimati, Allah ya sāka. Ziyarar wanda ya fito ce ba mu iya ba. Abin da muke gani shi ne, duk inda aka tsaya aka kira mutum ɓarawo, a nan ya kamata a tsaya a ce ba shi ba ne, da murya iri ɗaya, a gaban mutane iri ɗaya. Bayan haka a ba shi abin yi, a ba shi amana ya riƙe, ko da maɓallin ɗakin ajiyar kujeru ne. Mutum ba ya gaskata an wanke shi sai ya ga an sake ba shi ajiya.

Ba daga sama muke wannan magana ba. A wata makarantar kwana da muka koyar muna sababbin malamai, kuɗin jarrabawar wani ɗalibi suka ɓace daga akwatinsa. Yaro ɗaya ne ya rage a ɗakin kwana a safiyar, ɗan aji uku, yana kwance da zazzaɓi. Mu uku muka zauna da shi a ofis bayan karatun dare. Ya ce bai ɗauka ba. Muka ce in ya amsa ba za a kore shi ba, in ya ƙi kuwa gobe zai ɗaure kayansa. Wajen ƙarfe goma sha ɗaya ya amsa. Muka koma gida muna jin mun yi aiki. Washegari aka yi masa bulala a taron safe a gaban dukan makaranta, aka dakatar da shi mako biyu, mahaifinsa ya sayar da buhun masara ya biya.

A zango na gaba, ana fitar da katifu shanya, sai ga kuɗin a cikin yagewar katifar mai su, inda ya tura su da kansa ya manta. Me muka yi? Muka kira yaron ofis, muka rufe ƙofa, muka ce masa an ga kuɗin, ya yi haƙuri, muka sa na mahaifinsa a ambulan muka ba shi. An ce kada a tā da maganar a taro don kada mutuncin malamai ya zube, mu ma muka yarda. Sunan da 'yan ɗakinsu suka laƙaba masa, Ɓera, bai fita ba. Da shekara ta ƙare bai dawo ba.

Bayan shekaru masu yawa muka haɗu da shi a tashar mota, ya zama magidanci, yana sayar da kayan gyaran babur. Shi ya fara gane mu. Ya rusuna ya gaishe mu da ladabi, ya tambayi iyali, ya karɓi jakarmu ya kai har bakin mota, ya hana mu biyan kuɗin kaya. Muna shirin shiga sai ya ce, "Malam, don Allah in yi tambaya. An taɓa gaya wa 'yan ajinmu cewa an ga kuɗin nan?" Direba yana ta danna oda, muka tsaya riƙe da ƙofa, shi kuwa yana jiran amsa.